Kafin Turmin Danya, Akwai Kwaɗin Mustafa

Akwai wata magana da na gaji da jin ta, har na yi wa kaina alkawarin duk inda na sake cin karo da ita ba zan ƙyale ba. Maganar ita ce wai fim a ƙasar Hausa ya fara ne a Kano a 1990 da Turmin Danya. Na ji ta a bakin 'yan wasa, na karanta ta a rubutun masu digiri. Kwanan baya ma wani bawan Allah ya bugo waya a shirina na daren Asabar, ya maimaita mini ita da kakkausar murya kamar alƙali yana yanke hukunci. Da na ce masa akwai gyara, sai ya ce to in faɗa masa wanda ya riga su. Na ce Mustafa Alasan. Ya ɗan yi shiru, sannan ya ce, "Malam, ɗan wane gari ne kuma wannan?"

Kada a yi mini mummunar fahimta. Ƙungiyar Tumbin Giwa ta yi abin a yaba, kuma in ana maganar fim na kaset ɗin bidiyo da ake sayarwa a kasuwa, ba wanda zai ƙwace wa Turmin Danya matsayinsa. Amma kasuwar kaset daban, fim daban. Ko a Najeriya ɗin, Adamu Halilu ya mai da littafin Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa fim tun 1976. Abin da ya fi ci mini rai shi ne yadda iyakar da Turawa suka shata ta shige cikin kawunanmu, har tarihinmu ma sai ya tsaya a shingen kwastan. Mai rubutu a Kano in ya zo Illela sai alƙalaminsa ya ja birki, kamar Ƙonni da Tawa da Maraɗi da Damagaram ba ƙasar Hausa ba ce. Mu da ke zaune a Guéné, kudu da Malanville kaɗan, a bakin hanyar da ke ɗauko kaya daga Kwatano zuwa Gaya da Dosso da Yamai, mun san iyaka gada ce kawai a kan kogi, yau a buɗe gobe a rufe. Ba ta taɓa hana waƙa ko labari ƙetarewa ba.

Sai dai laifi tudu ne, bari in fara sauka daga kan nawa kafin in hango na wani. A watan Maris na 2015 ina sabon shiga aikin rediyo, ni ake miƙa wa takardun sanarwar rasuwa in karanta da yamma, kowace takarda da kuɗinta. Ranar 17 ga watan Mustafa Alasan ya rasu a Wagadugu. Ban sanar ba. Ba wanda ya kawo takarda, kuma ko da an kawo, da na karanta sunan ne kawai in wuce, don ban san ko wane ne ba. A inda na yi karatun aikin jarida an koya mana 'yan'uwan nan Lumière da shekarar 1895, an ambaci Sembene na Senegal a gurguje, shi ke nan. Sai a 2017 na ji a wata tashar waje cewa babban gidan adana kayan fasaha na MoMA a birnin Niyok ya keɓe kwanaki yana nuna finafinan wani ɗan Nijar. Wato sai da Amurka ta nuna mini maƙwabcina kafin na san da shi. Wannan kunyar ce ta sa na shiga tono, kuma ita ce ta ba ni bakin magana yau.

An haifi Moustapha Alassane, kamar yadda ake rubuta sunansa a takardun Faransanci, a 1942. Da kanikanci ya fara, kuma wannan ba ƙaramin abu ba ne a labarinsa, domin har ya koma ga Mahaliccinsa mutum ne mai warware na'ura ya sake ɗaura ta, mai ƙera abin da ba shi da kuɗin saye. Yana da hannun zane. A Yamai ya haɗu da Bafaranshen nan Jean Rouch, wanda ya daɗe yana ɗaukar rayuwar mutanen kogin Kwara, a cibiyar binciken da ake kira IRSH a yau. Ta hanyarsa ya samu zuwa Kanada, ya ga yadda Norman McLaren ke sa zane ya motsa. A 1962, yana ɗan shekara 20, ya fitar da gajeren fim a kan neman aure da biki a wani ƙauyen Zabarmawa na bakin kogi. Sunan fim ɗin Aouré. Ku cire rubutun Faransanci ku sake karantawa: aure. Wannan fa shekara guda ke nan kafin Borom Sarret na Sembene, wanda littattafai da yawa ke fara lissafin fim ɗin baƙar fata da shi, kuma shekara 28 kafin Turmin Danya.

Daga nan sai kwaɗi. Ban san wani mai fasaha da ya mori kwaɗo kamar mutumin nan ba. La Mort de Gandji a 1965, Bon Voyage Sim a 1966, duka zane ne mai motsi, abin da yaranmu ke kira katun, kuma suna cikin na farko-farko da wani ɗan Afirka ta Yamma ya yi. Ku tsaya ku auna wahalar: fim yana cin hoto 24 a kowace daƙiƙa, ko an rage an maimaita kowane zane sau biyu, minti guda yana neman zane sama da 700, da hannu, a zafin Yamai, babu kwamfuta. Bon Voyage Sim kusan minti biyar ne. Sim shugaban jamhuriyar kwaɗi ne, ya tafi ziyarar aiki ƙasar maƙwabta, ga faretin soja, ga jirgi, ga 'yan rakiya, ga kumbura wuya. Shekara shida kacal da samun 'yancin kai, lokacin da kowa ke tafa wa sababbin shugabanni, wani saurayi ya zauna ya zana su a matsayin kwaɗi. Duk wanda ya taɓa tsayawa a rana a bakin titin Malanville tun safe yana jiran ayarin wani babba da ba zai ko sauke gilashi ba, ya san Sim, ko bai taɓa ganin fim ɗin ba.

A shekarar dai ta 1966 ya yi Le Retour d'un aventurier, wanda ake ɗauka shi ne fim ɗin kaboyi na farko a Afirka. Wani saurayi mai suna Jimi ya dawo daga Amurka da akwati cike da huluna da takalma da bindigogin kaboyi, ya raba wa abokansa. Kowa ya yar da sunan yankansa ya ɗauki na Turawa, wannan Black Cooper, waccan Reine Christine, suka hau dawaki suka addabi gari, har wasa ya rikiɗe ya zama rikici na gaske. Shekara nawa muka yi muna jayayya a kan rawa da waƙar Indiya a finafinan Kano, ana ta rubuta maƙaloli a kan kwaikwayon baƙin al'adu? Mutumin nan ya riga ya yi fim a kan wannan cuta tun iyayenmu na samari, kuma bai yi wa'azi ba, dariya ya ba mutane har suka gane kansu suke yi wa. A 1972 ya yi FVVA, haruffan farko na kalmomi huɗu na Faransanci: mace, gida, mota, kuɗi. Labarin ƙaramin ma'aikaci ne da burin waɗannan huɗun ya kai shi ga taɓa dukiyar da ba tasa ba. Ku gaya mini wane fim mai dogon zango ne a YouTube yau da ba a kan waɗannan huɗun yake kewaye ba. Sai Toula, wanda ya yi tare da Bajamushiya Anna Soehring a tsakiyar farin shekarun 1970, a kan sarkin da aka ce sai ya ba da 'yar gidansa ga iskan ruwa kafin a samu ruwa. Sai Samba le Grand a 1977, da 'yan tsana. Akwai kuma wani na kwaɗi 'yan dambatuwa a fage, da ya sa wa suna Kokoa. Kokowa ke nan, wasan da ya fi kowane tara jama'a a Nijar. Ya shugabanci sashen fim na Jami'ar Yamai shekara 15, daga baya ya koma Tawa ya buɗe otal, ya mai da wani ɓangarensa ɗakin aiki, ya ci gaba da ƙera 'yan tsanansa, har ya koyi zane da kwamfuta da furfurarsa.

Kuma ba shi kaɗai ba ne. Umaru Ganda, wanda ya yi yaƙin Indocin a rundunar Faransa ya dawo ya yi dako a tashar jirgin ruwan Abijan, shi ne mutum na farko da ya ɗauki babbar kyautar Yennenga a bikin FESPACO na Wagadugu a 1972, da Le Wazzou polygame. Wazzou ɗin nan wa'azi ne. Jingare Maiga ya fara ne a matsayin ɗaya daga kaboyin Mustafa kafin ya zama darakta. Zalika Sule, wadda ta fito a Reine Christine, ta sha zagi da tsangwama saboda mutane sun kasa raba ta da matan da take fitowa a matsayinsu, daga baya har aikatau ta yi a Amurka, ta rasu a 2021. 'Yan matan Kannywood da ke kuka da bakin duniya a yau suna da uwa a wannan sana'a, ba su san ta ba.

To, na san amsar da ake ba ni, don an sha ba ni ita. Ta farko: wai waɗannan finafinan Turawa ne da baƙar fata, da kuɗin Faransa aka yi su, don bukukuwan Turai aka yi su, talaka bai gan su ba, alhali Kannywood daga aljihun 'yan kasuwa ta fito, talaka ya saya da guminsa. Akwai ƙamshin gaskiya a nan, ba zan ɓoye ba. Fim na zare mai milimita 16 ba a wanke shi a Yamai, sai an aika Turai, kuma ofishin taimakon Faransa ya sa hannu a yawancin finafinan ƙasashen da ta raina. Manyan gidajen sinima kuwa a lokacin suna hannun kamfanonin Faransa biyu, COMACICO da SECMA, waɗanda suka fi son kawo kaboyi da Indiya don sun fi arha. Amma ku lura da abin da wannan ke nufi. Ba Mustafa ne ya guji talaka ba, ƙofar da ke tsakaninsu ce aka kulle, mabuɗin kuma yana hannun wani. Shi da kansa ya riƙa loda na'ura a mota yana bin garuruwa yana haska fim. Wanda ke yi don Turawa ba ya shan ƙurar hanya haka. Kuma wane Bature ne zai ji daɗin kokowar kwaɗi kamar mutumin Ader ko na Arewa?

Wasu kuma sai su kauce su ce ai labaransa na Zabarmawa ne, ba na Hausa ba. Wannan magana ba ta da kasuwa a Guéné. A nan mutum yakan gaisa da Dandanci, ya yi ciniki da Hausa, ya yi wa makiyayi barka da Fulatanci, ya cika takarda da Faransanci, duk kafin azahar. In za a kafa ma'aunin asali a ƙofar Kannywood a ce sai Bahaushe tsantsa zai shiga, taurari nawa ne za su kwana a waje?

Amsa ta biyu ita ce wadda manyanmu suka fi so, domin tana wanke kowa: talauci. Wai mu ƙanana ne, kasuwarmu ƙarama, cikin da bai ƙoshi ba ba ya ajiye fim. A nan ne nake so in ɗauke ku mu yi nisa, zuwa wani tsibiri mai ƙanƙara a can arewacin tekun Atilantika, Aisilan. A 1978 mutanen ƙasar gaba ɗaya ba su kai dubu 230 ba. Ƙaramar hukumar Malanville kaɗai ta haura dubu 160 a ƙidayar 2013. Harshensu kuwa ba mai jin sa sai su. Suna da 'yan finafinai jefi-jefi tun da can, amma ba su da masana'anta. A shekarar ta 1978 suka yi abu biyu: suka kafa asusun tallafa wa fim, suka kafa taskar adana finafinai ta ƙasa. Ku riƙe shekarar. A lokacin Mustafa ya shekara 16 yana fim, kyautar Ganda ta shekara shida a Yamai. Mu ne a gaba.

Cikin samarin da suka ci moriyar wannan tsari akwai Fridrik Thor Fridriksson, haifaffen 1954. Kamar Mustafa, ba wata babbar makarantar fim ce ta yaye shi ba, daga ƙungiyar masu kallon fim ta ɗalibai ya taso. A 1991 ya yi fim a kan wani tsoho manomi da ya bar gona ya koma birni wurin 'yarsa, zama ya ƙi daɗi aka kai shi gidan tsofaffi, can ya haɗu da budurwarsa ta ƙuruciya, suka saci mota suka gudu don su mutu a ƙauyensu da ya riga ya zama kufai. Labari ne da za a iya ɗauka a Karimama gobe ba a canza komai ba sai ƙanƙara. Fim ɗin, Children of Nature, ya shiga jerin biyar na ƙarshe a kyautar Oscar ta 1992 a rukunin harsunan waje. Kada ku zaci daga nan ya huta. Shi ma ya sha bashi, har a 2010 ya yi fim mai suna Mamma Gógó a kan darakta da bashi ya yi wa katutu, uwarsa kuma tana fama da ciwon mantuwa. Wahalar mai fim iri ɗaya ce ko'ina. Bambancin shi ne, yaro a Reykjavik in yana son ganin aikin Fridrik ya san ƙofar da zai ƙwanƙwasa a cikin ƙasarsa. Yaro a Tawa fa? Kwafin finafinan Mustafa da aka fi dogara da su suna Faris, a taskar Cinémathèque Afrique.

Za a ce Aisilan masu kuɗi ne, kifi ya yi musu rana. Na yarda. To Burkina fa? Da me ta fi Nijar ko Benin? Ta riƙe FESPACO tun 1969, juyin mulki ya zo ya wuce, biki bai mutu ba. A 1989 ta buɗe taskar finafinan Afirka a Wagadugu. Ambaliyar 1 ga Satumba 2009 ta shiga ginin ta ɓata zare da yawa, suka tsame abin da ya tsira suka shanya suka ci gaba. Abin da ake buƙata ɗaki ne mai sanyi, da rajista, da mutum biyu masu amana, da kuɗin da bai kai na ayarin Sim guda ɗaya ba. Zaren fim ba ya jiran kowa: zafi da danshi suna cin sa, ya fara warin tsami, ya manne, shi ke nan. Mun iya sa sunan mamaci a jikin gini, ga cibiyar al'adu ta Umaru Ganda nan a Yamai, amma ku tare ɗalibai goma a ƙofarta ku tambaye su wanda ya taɓa kallon Cabascabo.

'Yan'uwana na Kano, ba don in rage muku daraja na ɗauko wannan magana ba. Gemun ɗan'uwanku ne ya kama da wuta. Dubban finafinan da aka zuba a Ƙofar Wambai da Bata a kan kaset da faifan CD, ina uwayen kwafinsu suke? Kaset yana cin kansa, faifai yana ƙujewa, na'urar kunna su ma ta zama kayan gwangwan. Ni da kaina na zaga wurin masu tura finafinai a waya a kasuwar Malanville ina neman waɗanda muka kalla muna yara a gidan kallo, rabinsu ba a ko san sunansu ba, wanda aka samu kuma hoton ya dushe kamar an wanke shi da toka. Wanda ya yarda tarihi ya fara daga kansa, ya koya wa na bayansa su ma su fara daga kansu. Nan da shekara 20 wani yaro zai bugo waya a rediyo ya rantse cewa fim ɗin Hausa ya fara ne da YouTube, kuma ba za a sami kaset ɗin da za a ƙaryata shi da shi ba.

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne maganin yana hannunmu. Muna da samarin da ke ɗaukar fim ɗin Indiya na awa uku su juye shi zuwa Hausa cikin 'yan kwanaki, da barkwanci da komai, har tsohuwa a ƙauye ta san jaruman Indiya da laƙabin da aka raɗa musu. Le Retour d'un aventurier bai fi minti 35 ba. Ba sata nake kira a yi ba: a nemi iyalansa da masu riƙe da kwafin, a yi yarjejeniya, a biya haƙƙi, a sa masa murya da Hausa da Zabarmanci da Dandanci, a zuba a waya, a haska a bangon makaranta. Gidajen talabijin da ke cika dare da finafinan Turkiyya da na Meziko su ba da rabin awa a mako. Mu ma 'yan rediyo da ke iya ɓata awa guda a kan wace jaruma ce ta yi aure wace ce ta fito, ba mu da bakin cewa babu lokaci.

Bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023 a Nijar, da aka rufe gadar Malanville, manyan motoci suka yi layi har suka iso mana nan Guéné. Direbobi suka yi makonni suna kwana ƙarƙashin tireloli, abinci a bakin hanya, wanka a bokiti. Da dare nakan je teburin mai shayi in zauna da su, don a nan labari yake. Wani dare na faɗa cikin 'yan Tawa su huɗu. Na tambaye su ko sun san Mustafa Alasan. Uku suka girgiza kai. Na huɗun, dattijo mai furfura a gemu, ya ce, "Mai otal? Allah ya jiƙansa, ai na san shi. An ce yana wasan 'yan tsana." Iyakar abin da ya sani ke nan.

Ina da wani kwafi dushi-dushi na fim ɗin kaboyin da na samo a intanet. Na jingina wayar da gwangwanin madara na kunna. Kafin a yi minti goma mutum ya fi ashirin a kanmu, karen mota na leƙe ta kafaɗar ubangidansa, mai shayi ya bar ruwa yana tafasa. Inda aka yi Faransanci ina fassarawa, inda ba a buƙatar fassara suna ta sheƙa dariya, wani yana cewa wallahi ga ɗan ƙanensa nan da ya dawo daga Libiya. Da ya ƙare dattijon ya daɗe bai ce komai ba. Can ya ce, "Ɗana, shekara nawa ina wucewa ta ƙofar mutumin nan. Akwai wani? Sa mana."

Na ce akwai na kwaɗi, amma cajin wayata ya kusa ƙarewa. Wani yaro ya tashi da gudu ya je ya kunna motarsu.